Lambar da Ta Mutu a Hanya

Wajen ƙarfe goma sha ɗaya aka kira ni. Kafin in iso an riga an yanke hukunci, hujja kawai ake nema.

Shagon Alhaji shi ne na uku daga ƙofar kasuwar wayoyi, a ƙasan bene. Wayoyi a cikin gilashi, caja a rataye, na'urorin gem uku a kwalayensu a saman kanta. Mutane sun cika bakin ƙofa har sun tare hanya. Masu sayar da murfin waya sun bar teburansu. In ka saurare su, kowa ya daɗe yana zargin matar da ke aiki a shagon, kunya ce kawai ta hana shi faɗa.

Aikina bin sawun wayoyin da aka sace. Ba shi na karanto ba, shi na samu da na dawo daga karatu. Duk kasuwar Mai Sawu suke ce mini.

Yanzu ba a cika sayen gem a faifai ba. Za ka zo shago ka faɗi wanda kake so, a buga maka lamba a 'yar takarda. Ka je gida ka shigar da ita a akawun ɗinka, wato asusunka na gem, gem ya sauko cikin na'urarka ta intanet. Sau ɗaya lamba take aiki. Duk wanda ya riga shigar da ita, shi ne mai gem.

Wata nas ce tsaye a tsakiyar shagon, da fararen kayan aikinta, tana riƙe da irin wannan takarda.

"Ga ta nan," ta ce da ni. "Jiya na saya da na tashi daga aiki. Na ƙwallo, sabon fitowa. Na kai wa maigidana ya shigar, na'ura ta ce wai an riga an yi amfani da ita. Sau huɗu yana sakewa. Mutumin da wata bakwai ke nan bai taka ƙasa ba tun da ya yi hatsari. Ɗaki ɗaya, taga ɗaya, talabijin ɗaya. Sati uku yana ƙirga ranar fitowar abin nan. Da ya gaji sai ya ajiye hannun gem ɗin ya juya wa bango fuska. Ni da na gwammace ya zage ni."

"Ita ce ta biyar," in ji Alhaji. "Mutum biyar cikin kwana tara. Shekara ashirin ina kasuwar nan ba a taɓa ce mini macuci ba."

"Wa ke buga lambobin?"

"Mutum ɗaya ce. Maman 'Yan Biyu."

"Tana ina?"

"Sito," wani ya amsa daga bayana, yana karkaɗa makullai.

Manaja ke nan, ƙanin matar Alhaji. Babu wanda ya ba shi wannan muƙami, shi ya ba kansa, aka bi shi a haka. Makullan ginin na hannunsa, shi ke raba shagunan sama ga 'yan haya.

"Na ba ta zuwa ƙarfe huɗu," Alhaji ya ce. "Ko ta faɗi wanda take sayar wa, ko 'yan sanda su zo su tambaye ta da kansu."

*

Siton ba shi da taga. Kwalaye har sama, ƙwan lantarki ɗaya. Maman 'Yan Biyu na zaune a kan kwalin caja, hannuwanta a cinya. Shekararta shida a bayan kantar Alhaji. Sun karɓe mata jaka da waya.

"Mai Sawu, ƙarfe nawa?"

"Sha ɗaya da rabi."

"Ƙarfe biyu ake tashin yarana daga makaranta. Babu mai ɗauko su sai ni. Maigadi yana barinsu a bakin get zuwa huɗu, daga nan sai ya kulle ya tafi."

Na karɓo wayarta daga wurin Manaja ta kira maƙwabciyarta. Ta yi ta ringi ba a ɗauka ba.

"Gaya mini yadda kike yi," na ce. "Daga farko."

"Mutum ya zaɓa, in danna, inji ya buga. In yage takardar in shimfiɗa ta a kan gilashi, in ƙirga biyar. Sannan in ninke in miƙa masa."

"Ƙirga biyar ɗin na mene ne?"

"Dokar Alhaji ce, tun da aka sa kyamara a saman kanta. Wai don a ga an sayar da gaske." Ta ɗaga kai. "Kyamarar nan tana kaina tun safe har a tashi. Ko ruwa na sha tana gani. Ku duba mana, ku ga in na taɓa rubuta wani abu."

"An duba," Manaja ya ce daga bakin ƙofa. "Ba ta rubutawa. Haddacewa take yi."

"Ni? Yallaɓai, lambar wayata ma sai na duba bayan katin."

"Ku ji ta fa. Kamar gaske."

Ya ja ƙofar, ya murɗa makulli.

*

Wayarta 'yar ƙarama ce mai maɓallai, ko hoto ba ta ɗauka. Na duba saƙonni. Makaranta, maƙwabciya, mai gas. Jakar kuma babu komai sai man shafawa da safar yara ƙafa ɗaya.

Na fara zargin dillalin da ke ba Alhaji lambobin. Yakan faru, a sayar da lamba ɗaya ga shaguna biyu. Na kira shi. Ya yi fushi, ya huce, ya buɗe kwamfutarsa. Ba ya iya ganin akawun ɗin da ya ci lamba, amma yana ganin lokacin da aka buga ta da lokacin da aka shigar da ita.

Ta farko, minti shida tsakani. Ta biyu, huɗu. Ta nas, bakwai.

"Sista, gidanku minti nawa ne daga nan?"

"In babu cunkoso, arba'in."

Ke nan lambar ta mutu tun tana cikin jakarta, kafin ma ta samu mota. Dillali ya fita. Wanda ya yi abin nan ya ga takardar a shagon, kuma hannunsa na da sauri. Dole ya yi sauri, don ba shi da lokacin neman mai saye. Mai takarda na kan hanya.

Maman 'Yan Biyu kuwa a cikin waɗannan mintoci tana tsaye a ƙarƙashin kyamara, da wayar da ba ta shiga intanet. Na faɗa wa Alhaji haka.

"To akwai wanda take yi wa ishara," ya ce. "Nemo shi."

Ƙarfe ɗaya saura.

*

Mai shayin da ke ƙarƙashin matakala shi ne jaridar kasuwar. Na zauna na ce ya zuba mini.

"Ni fa ban ce komai ba," ya fara, yana juya cokali. "Amma Injiniya na sama, mai gyaran gem. Jiya na kai masa shayi, me zan gani a talabijin ɗinsa? Ƙwallon nan sabo. Mutumin da ko sukari sai ya yi ciniki. Ina ya samu?"

"Ka faɗa wa wani?"

"Ni? Wa zan faɗa wa?"

Da na miƙe, mutum goma sun riga ni hawa matakalar.

Shagon Injiniya bai fi faɗin mota ba. Na'urori a buɗe cikinsu a waje, ƙanshin dalma, fanka ɗaya tana juya iskar zafi. Shi kansa siriri ne, da tabarau a goshi. A kan tebur akwai wata baƙar na'ura a kunne, haɗe da ƙaramin talabijin. Wani ya riga ya ɗauki hannun gem ya buɗe jerin abin da ke ciki. Biyar na sama su ne biyar ɗin da aka sace, ba ragi ba ƙari.

"Wallahi da kansu suke zuwa," Injiniya yake cewa. "Ina zaune sai in ga fitila ta canza, abu ya fara sauka."

"Aljanu ke maka sayayya ke nan?" wani daga cikin 'yan kallo ya ce.

"Ka ce su saya mini firji!"

"Su biyu ne, shi da ita. Dama na ga yana yawan sauka ƙasa."

"Caja nake saye!"

Na kore su, na ja ƙofar ƙarfen har ƙasa. Zafin ya ƙaru. A waje suna ta bugawa. Na nuna masa baƙar na'urar.

"Ta wa ce?"

"Ta kwastoma."

"Wane?"

Ya sauke tabarau ya shiga goge su da bakin riga.

Na buɗe jerin na duba lokutan saukar. Sun yi daidai da na dillali, minti da minti. Na uku ranar Talata ne, ƙarfe uku da sha biyu.

"Talata kana ina?"

"Asibiti. Na kai tsohuwa a duba mata ido. Kowa ya ga kwaɗo a ƙofar nan wuni guda."

"Ka bar ta a kunne?"

"Ƙa'idata ce. Duk wadda na canza wa fanka sai ta yi sati biyu a kunne, a haɗe da intanet, kafin in kira mai ita. In za ta sake zafi, ta yi a gabana."

"Mai ita ya san ta tashi?"

"Na ce masa sai wata guda kafin kaya su iso. Sai suka iso da wuri. In na kira shi yau, yau zai ɗauke, ba ya jin magana."

Nan na gane. Kowane akawun yana da na'urar da aka rubuta masa a matsayin ta gida. In mai akawun ya shigar da lamba ta wayarsa, ko yana wace duniya, gem zai sauka a wannan na'urar muddin tana kunne. Mutumin ya ɗauka tasa na kwance a mace a cikin kwali. Ita kuwa tana nan tana karɓar kaya tana jerawa.

Na juya ta. A ƙasa akwai farin salatif, an rubuta lambar waya da biro. Haka Injiniya ke yi wa kowace na'ura don kada su cakuɗe.

Ya riƙe mini hannu.

"Mai Sawu, kai in an gama za ka tafi gida. Ni gobe nan zan buɗe. Mutum goma sha ɗaya ke jiran shagon nan, kuma ka san mai rabawa."

"Akwai mace a kulle a ƙasa tun safe."

"Na sani." Muryarsa ta yi ƙasa.

"Ba sai ka buɗe baki ba. Ara mini ita, da talabijin ɗin."

*

Ƙarfe uku da kwata na tara su a shagon Alhaji, aka sauke ƙofa. Alhaji a kujerarsa, Manaja a jingine da kanta, nas a tsaye, don ta ƙi zama. Injiniya ya maƙale a lungu. Aka buɗe sito. Maman 'Yan Biyu ta fito tana ƙifta ido, abin da ta fara kalla agogon bango ne.

"Nuna mana yadda kike yi," na ce mata.

Ta ɗauki wani tsohon rasit ta shimfiɗa a kan gilashi, rubutu yana kallon sama. Ta janye yatsunta zuwa gefe. Leɓenta na motsi. Ɗaya, biyu, uku, huɗu, biyar.

Duk muka ɗaga kai. Kyamarar na daidai saman takardar, da 'yar jar fitilarta.

"Alhaji, buɗe mana a wayarka mu ga abin da take gani."

Ya yi gyaran murya. "Ni ban iya waɗannan abubuwan ba. Manaja ke dubawa, ya ba ni labari."

"Shi kaɗai?"

"Shi ya kawo masu sa ta."

"To sai me?" in ji Manaja. "Don na tsare dukiyar yayana shi ne laifi? Ga kayan sata can an gani a shagon wancan, kuna tsaye kuna kallon silin."

Na haɗa baƙar na'urar da talabijin, na nuna musu biyar ɗin da lokutansu. Na yi bayanin na'urar gida a taƙaice. Alhaji bai gane duka ba. Nas ta gane tun kafin in kai ƙarshe, mijinta ya koya mata.

"Ke nan mai na'urar shi ne ɓarawon," ta ce. "Ta wa ce?"

Injiniya ya sunkuyar da kai. Na juya na'urar, na karanta lambar da ke jikin salatif da ƙarfi, ina dannawa a wayata.

Sai kiɗa ya tashi daga aljihun Manaja.

Bai ɗauka ba. Ya bar ta tana yi har ta gaji.

"Tawa ce, ban musa ba," ya ce. "Gyara na kai. Abin da ya yi da ita bayan na tafi, shi ya sani."

"Ranar Talata ƙarfe uku shagonsa na kulle," na ce. "Yana asibiti. Gem ya sauka duk da haka. Ba ta jikin na'urar aka shigar da lambar ba, ta waya ce. Wayar mai akawun."

"Ƙarya ne. Wannan da ya je ya ƙare karatu ya dawo yana bin wayar mutane, shi zai..."

"Kawo wayar," Alhaji ya ce.

"Yaya, yanzu ni za ka..."

"Kawo."

Gumi ya keto masa. Ya buɗe ya miƙa. Ban ma kai ga akawun ba. A cikin hotuna suke, bai goge ba. Takardu biyar a kan gilashi, an jawo su kusa har kowane harafi ya fito raɗau. A gefen kowace takarda ga yatsun Maman 'Yan Biyu, da zoben azurfarta, suna jiran a cika biyar.

Ta karɓi wayar ta duba hoton hannunta. Ta daɗe tana kallo. Sannan ta ajiye a kan kanta a hankali.

"Masu gidan gem nake ba hayar akawun ɗin," Manaja ya ce, kansa a ƙasa. "Na ɗauka za a ce matsalar kamfani ce, a sake ba masu sayen wata lambar. Ban yi zaton abin zai kai haka ba."

"Da ya kai fa?" in ji nas. "Ba kai ka murɗa makullin ba? Da idona na gan ka."



Alhaji ya shafa fuska da hannu biyu. Ya dubi ƙofar ƙarfen. Ana jin numfashin mutane a bayanta.

"Wannan maganar gida ce," ya ce. "A nan za ta tsaya. Za a ce musu kuskuren inji ne."

"Alhaji," Maman 'Yan Biyu ta ce, "a gabansu aka shigar da ni sito. Ka faɗa musu ba ni ba ce."

"An ce kuskure ne. Ai ya wadatar."

"Bai wadatar ba."

"Ke, kada ki ɗaga mini murya. Ina da iyali."

"Ni ma ina da su. Suna bakin get."

Agogo ya nuna huɗu saura ashirin da biyar.

"Ni dai a ba ni abin da na saya," nas ta ce. "Ba zan koma ɗakin nan hannu biyu ba."

Alhaji ya dubi injin buga lambar, ya dubi Manaja, ya dubi ni. A duk shagon mutum ɗaya ce ta san yadda ake sarrafa shi.

"Maman 'Yan Biyu," ya ce, muryarsa ta yi laushi. "Taimaka ki buga mata."

Ta zagaya bayan kanta. Ta danna, inji ya yi ƙara, takarda ta fito. Ta yage ta da tafin hannunta a rufe a kai, ta ninke biyu, ta sake ninkewa, ta sa a hannun nas ta danne yatsunta a kai. Ba ta taɓa gilashin ba.

Ta ɗauki jakarta da wayarta. Na ɗaga mata ƙofa.

Mutane suka ja baya suna leƙe. Ita ba ta kalli kowa ba, ta ratsa su da sauri ta nufi titi. Nas ta fito a bayanta, ta tsaya a kan dakali.

"Wai an ce in gaya muku kuskuren inji ne," ta ce, yadda har na saman bene za su ji. "To injin yana da makullai a hannu, kuma ƙanin matar mai shago ne. Ku da kuka daɗe kuna zarginta, sai ku nemi wani aikin."

Mai shayi ya ce shi dama bai taɓa yarda ba.

*

Washegari na biyo ta kasuwar da hantsi, zan mayar wa Injiniya talabijin ɗinsa. Yana shagonsa. An ce masa ya zauna zuwa ƙarshen wata, a ga yadda za a yi. Motar Manaja na wurin da take tsayawa kullum. Makullai sun koma aljihun Alhaji, amma Alhaji bai san wanne ke buɗe wace ƙofa ba, don haka sai an kira Manaja.

Nas ta turo mini saƙo: lambar ta shiga, maigidanta ya ci wasa biyu, ya ce a buɗe masa taga.

Maman 'Yan Biyu na bayan kanta.

"Kin dawo," na ce.

"Ina zan je?" Ta gyara wata caja a kan ƙusa. "Na iske su zaune a kan jakunkunansu, maigadi na sa kwaɗo. Ƙaramar ta ce ta ɗauka na manta da su."

"Alhaji ya ce wani abu?"

"Ya ce ina kwana."

Wani mutum ya shigo da 'yarsa, suna son gem ɗin tseren mota. Na matsa gefe. Kyamarar na nan a inda take, jar fitilarta a kunne. Inji ya buga, ta yage, ta ninke. Abin da kyamarar ta samu bayan hannunta ne kawai.